'Yan Kallon Ranar Litinin

Topolnik, 16 ga Maris, 2016

Zuwa ga aminiyata Nevena,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata takardar nan za ta same ki lafiya, ke da tsohuwar da kike jinya a can Italiya. Yaya ciwon bayan naki? Na gode da furannin da kika aiko ranar arba'in ɗin mijina Stamen. An yi addu'a, an raba dafaffiyar alkama, na manna sabuwar takardar rasuwarsa a ƙofar gida da jikin bishiyar bakin kasuwa. Kada ki yi mamakin ganin wasiƙa maimakon kira. A waya ba a iya yin fushi yadda ya kamata, kina cikin zazzaga sai layi ya tsinke.

Nevenche, an kore ni daga aiki. Ko kuwa ni na kori kaina, ya danganta da wanda kika tambaya.

Kin san yadda muke yi a Tasha ta Tara, gidan talabijin ɗin garinmu. Ran Lahadi a ɗauki wasan ƙungiyar garinmu, ran Litinin da safe in haɗa hotunan, daraktanmu Ignat Drenchev ya shiga ɗaki ya ɗora sharhinsa yana haki kamar a bakin fili yake, ƙarfe bakwai a nuna wa gari. Kin kuma san abin da kowa ya sani amma ba mai faɗa: 'yan kallon da ake nunawa ba na ranar ba ne. Tun da garin nan ya kwashe ya tafi Jamus da Sifen da Italiya, mutum tara ko goma ke zuwa fili, har da mai sayar da 'ya'yan kabewa. Shi ya sa shekara goma sha ɗaya ke nan, duk lokacin da aka ci ƙwallo, sai in tsoma hoton taron nan na watan Mayun 1998, ranar da muka doke ƙungiyar birni biyu da ɗaya. Ni na ɗauki hoton da hannuna, lokacin gwiwoyina suna iya hawa rufin ɗakin 'yan wasa. Ni kuma nake tsoma shi. Ba zan ɓoye ba.

Shekaranjiya aka kawo mini wasan farko na bana. Muka ci ɗaya. Na kai hannu zan tsoma taron, sai ga Stamen a layi na huɗu, ya yi tsalle, hularsa ta faɗi. Mutumin da na yi wata uku ina ba shi ruwa a cokali.

Na ce wa Ignat a cire shi. Ya ce, "Haba Zlate, ai karramawa ce. Duk kaset ɗin nan ba wanda ya kai mijinki iya tsalle."

Na ce, "Mai girma Darakta, wanda aka binne a watan Janairu ba ya tsalle a watan Maris."

Ya ce kaset na tasha ne, wanda ke ciki ma na tasha ne. Na ce to Allah ya ba tasha haƙurin rashi, tun da ita ce matarsa. Na ajiye masa makullai a cikin kofin shayinsa na fito. Ya haɗa wasan da kansa, ya yi kaca-kaca da shi, amma ƙarfe bakwai da minti ashirin mijina ya yi tsallensa a gidajen garin nan duka.

Na zauna na ƙirga. Fuska sittin da ɗaya ake iya ganewa a taron. Ashirin da uku suna maƙabarta, ashirin da tara suna ƙasar waje, tara ne suka rage. Na karanta littattafai da yawa da ake tayar da matattu a ciki, amma ko a can sau ɗaya ake tashe su, kuma da dalili. Mu nan duk Litinin muke tono namu su yi wa wasan banza tafi.

Ainihin kaset ɗin yana cikin kabad ɗina, na Ignat kwafi ne. Zan yi ɗan gajeren fim, in kwaikwayi shirinsa tsaf, in nuna wa garin nan abin da yake kallo. Ba zan huta ba sai an bar Stamen ya kwanta. Amma ba zan sa fuskar kowa ba sai da izinin danginsa. Babanki, Kawu Todor, shi ne mai ganga a tsakiyar taron. Ki ba ni izini.

Na ga shamuwar farko jiya a kan falwayar fili, na kwance zarena ja da fari da muke sawa a hannu tun farkon Maris, na ɗaura a bishiya kamar yadda al'ada take. Naki yana cikin ambulan, ko da ya makara.

Taki har kullum,
Zlatka

Topolnik, 20 ga Afrilu, 2016

Nevenche,

Ina gaisuwa, da fatan ke da tsohuwarki kuna lafiya, kuma hawan jinin da wasiƙata ta jawo miki ya sauka. Taki ta iso. "Mai haƙa kabari" kika kira ni. Na karanta sau uku. A karo na farko na rubuta miki amsa shafi shida wadda da ta iso hannunki da ƙawancen shekara arba'in ya ƙare. Na kunna murhu da ita, ta ci da kyau.

Ban sani ba. Wallahi ban san cewa duk Litinin kina shiga kicin ki rufe ƙofa ki buɗe tasharmu a intanet, kina addu'ar a ci ƙwallo don ki ga babanki na daƙiƙa huɗu ba. Ban san ba ki da wani hotonsa mai motsi ba. Laifi tudu ne, na taka nawa ina hango na Ignat. Shekara shida ina tsoma babanki bayan rasuwarsa, ko sau ɗaya ban damu ba, sai da abin ya zo kan nawa.

Na bi gida-gida, kuma ba ke kaɗai ba ce. Inna Parashkeva, matar marigayi maƙerin nan, ta ce duk Litinin sai ta canza ɗankwali kafin ƙarfe bakwai, don kada tsohon ya gan ta a hargitse. Shi kuwa Vasil na gidan waya ya ce shekara huɗu bai kunna tasharmu ba, tun ranar da ya ga 'yarsa tana dariya a taron, mako guda bayan ya binne ta. Ya ce ya ji kunyar yin magana, kada a ce ba ya kishin ƙungiya. Kin ji mu! Gari guda, kowa yana cizon haƙori a ɗakinsa, kowa yana zaton shi kaɗai ne.

Duk da haka ban fasa ba, kuma ga dalilina. Na ciro ainihin kaset ɗin na kalla daga farko, abin da ban yi ba tun 1998. Minti shida ne, Nevenche, ba daƙiƙa ashirin da muke yankowa ba. Kuma yana da sauti. Shekara goma sha ɗaya muryar Ignat tana zaune a kansa kamar kaza a kan ƙwai. Babanki ba daƙiƙa huɗu ya yi ba, ya fi minti ɗaya. Ya buga ganga, ya gaji, ya goge gumi da hula, ya waiga yana neman wata. Ba zan faɗa miki abin da ya ce ba. Na sa miki a faifan da ke cikin ambulan ɗin nan.

Ki kalla. In bayan kin ji muryarsa har yanzu kin fi son a ci gaba da ara wa Ignat shi bebe, yana yi wa yaran da bai taɓa sani ba kiɗa, to na cire shi daga fim ɗina, kuma ba zan sake tayar da maganar ba.

Ki sha maganinki. Ki gaida tsohuwa, ko da ba ta san da ni ba.

Taki, mai haƙa kabari,
Zlatka

Topolnik, 11 ga Yuli, 2016

Zuwa ga Nevena,

Gaisuwa mai tarin yawa. Yaya zafi a wajenku? Nan tumatir ya nuna, ni ma na kusa. Na gode da amsarki. Layi ɗaya ce, amma na sa ta a cikin littafin da na fi so: "Ruwa yake nema, ni yake kira, ki sa shi." Na sa shi.

Fim ɗin ya kammala, minti goma sha huɗu. Bari in ba ki labarinsa, tun da kin ce 'ya'yan tsohuwa ba za su sake ki a watan Agusta ba.

Ya fara kamar kowace Litinin: kiɗan nan namu mai kama da kukan jaki, da tambarin tasha a karkace. Sai fili. Na je da kyamarata ranar Laraba, ba kowa, na ɗauka daga rufin nan, gwiwoyina suna zagina. Ƙwallo tana kwance a tsakiyar ciyawa. Ba ɗan wasa ko ɗaya. Sai muryar Ignat ta shigo da ƙarfinta. Ban nemi mai kwaikwayonsa ba, don ba a bukata. Na gano cewa a shekara ashirin jimla arba'in da biyu kacal mutumin nan ya mallaka, yana jujjuya su kamar mai gashin tattasai. Na tsinto su daga tsofaffin shirye-shirye na jera. Iska ta kaɗa ƙwallo, ya ce, "Kai, wannan yanka!" Shamuwa ta sauko tana tafiya a gaban raga, ya ce, "Mai tsaron gida ya fito, jama'a, dubi ƙafafu!" Kare ya ratsa fili, ya ce alƙalin wasa ɗan birni ne, an saye shi.

Sai a ci ƙwallon da ba wanda ya buga, taro ya tashi da ihu. A nan hoton yake tsayawa a kan fuska ɗaya. Sai in kai ki jikin bishiyar bakin kasuwa, ga fuskar nan a takardar rasuwa, rana ta kodar da ita. In muka dawo taron, wurin zamansa ba kowa. Na yi sati uku ina goge mutane a kwamfuta, ɗaya bayan ɗaya. Waɗanda ke waje kuma ƙofar gidajensu nake nunawa, da kwaɗo, da ciyawa har gwiwa. A sake cin ƙwallo, a sake ragewa. Ihun yana sirancewa, shi kuwa Ignat yana ƙara kumbura: "Filin ya cika maƙil, jama'a, ba masaka tsinke!"

Akwai abin da ke biyo baya, amma wannan sai ranar.

Labari ya kai masa, ba shakka. A garin nan in kika yi atishawa a kicin, a kasuwa za a yi miki sannu. Ya fito a shirinsa da jar rigarsa, ya yi fuskar ta'aziyya, ya ce akwai "wata baiwar Allah da baƙin ciki ya taɓa wa kai" da ke shirin yin wasa da matattun gari. Shi! Kwana biyu mai burodi tana miƙo mini burodi ba ta kallon idona. Wani ya yage takardar Stamen daga bishiya. Na manna wata. Ya sake yagewa, na manna uku.

Ya je wurin magajin gari a hana ni zauren ɗakin karatu. Amma Bozhura ce ke riƙe da makullin zauren shekara talatin, kuma ta ce masa magajin gari yana da iko da fitilun titi, ita tana da iko da kujerunta. An sa rana: Asabar ɗin bikin gari, ƙarfe biyar na yamma, lokacin da 'yan ƙasar waje suka dawo da manyan motocinsu.

Ina jin tsoro, Nevenche. Ke kaɗai na faɗa wa. In suka tashi suka fita, shi ke nan, Stamen zai yi ta tsalle har ni ma in bi shi.

Taki,
Zlatka

Topolnik, 22 ga Agusta, 2016

Nevenche tawa,

Ina gaishe ki, ina tambayar lafiyarki, amma yau a gurguje, don labari yana cin bakina. Zauna. In tsohuwa ta kira, ki ce mata ana yaƙi a ƙasarku.

Zauren ya cika har ana tsaye a taga. Rabi sun zo kallo, rabi sun zo ganin mahaukaciya. Ignat ya zauna a layin gaba da jar rigarsa, ya harɗe hannu, magajin gari a gefensa yana shinshina inda iska za ta kaɗa.

Da shamuwa ta fito, zauren ya fashe. Ban taɓa jin dariya irin wannan a garin nan ba tun kafin a rufe masana'anta. Wani daga baya ya yi ihu, "A sayo ta, ta fi golanmu!" Golan kuwa yana wurin, ya ce, "Ai ita tana da fukafukai, ni ciwon baya gare ni!" Mutane suka riƙa faɗin jimlolin Ignat tare da shi, kafin ma ya faɗa. Ƙeyarsa ta yi ja har ta fi rigar.

Sai hoton ya tsaya a kan maƙeri. Sai bishiya. Dariyar ba ta mutu nan take ba, ta ɗan yi ta rarrafe, kamar mutane suna jiran a ce musu wasa ne. Aka zo kan 'yar Vasil. Daga nan ba abin da ake ji sai ƙarar majigi da muryar Ignat yana murna shi kaɗai. Babanki ya ɓace, gangar ta ɓace, amma na bar sautinta yana bugawa a kan bencin da ba kowa. Wata mata ta ja ɗanta ta toshe masa ido. Stamen na bari a ƙarshe. Ya yi tsalle, hula ta faɗi, kafin ta kai ƙasa babu shi. "Ba masaka tsinke!" in ji Ignat, a kan benaye da ɓawon 'ya'yan kabewa.

Allon ya yi baƙi. Na ce a raina, yanzu za su cinye ni.

Ignat na gaske ya miƙe. Zan yi masa adalci, muryarsa tana rawa. Ya ce, "Jama'a, ni don ku na yi. In na nuna benci ba kowa, 'ya'yanmu da ke waje za su ce gari ya mutu, ba za su dawo ba."

Inna Parashkeva ta dogara sandarta ta ce, "Ignat, ɗan nan, zauna. Ɗana ya yi shekara goma sha ɗaya yana ganin fili a cike daga Jamus, ya ce ai ba a bukatarsa. Ni kuma ina ta canza ɗankwali don mutumin da ba ya ganina. Zlatka, an ce akwai saura. Kunna mana."

Na kunna. Rubutu ya fito: 17 ga Mayu, 1998. Sai minti shidan nan gaba ɗaya, ba yanka, ba sharhi, da muryoyinsu. Maƙeri yana zagin alƙalin wasa da zagin da ba zan rubuta ba, Inna Parashkeva ta ce, "Shi ne wallahi, bakinsa ke nan!" tana dariya tana share ido. 'Yar Vasil tana waƙa, ashe ba dariya kawai take yi ba. Babanki ya waiga: "Nevenche, kawo ruwa, maƙogwaro ya bushe!" Mutum ya fi ashirin suka amsa masa da sunanki. Kowa yana nuna nasa da yatsa yana kiran suna, kamar ana tarbar jirgin ƙasa.

Akwai abin da ban faɗa miki ba. Kin san dalilin da ya sa Stamen ya fi kowa fitowa a kaset ɗin? Don mai kyamarar ba ta iya ɗauke ido daga kansa ba. Bayan ya ɗauki hularsa, ya dubi rufin da nake, ya haɗa hannu a baki ya ce, "Zlate, ɗauki wasan, ba ni ba!" Zauren ya yi dariya, ni kuma na fita baya na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza.

Da na dawo, magajin gari yana kan dandamali yana bayanin cewa shi dama tun tuni abin yana damunsa. Vasil ya ce a ɗaga hannu, wa ke son a daina tsoma taron? Na ga hannuwa har a taga. Bozhura ta raba faifan da na yi wa kowane gida, da sunan mamacinsu a rubuce. Wata ta ruga gida ta kawo alkama da sukari, aka ci a tsaye a bakin zaure, ga makaɗan biki suna jira a dandali.

Jiya da safe na buɗe ƙofa na tarar da leda a rataye. Tattasai ne, kilo wajen biyu, a ƙarƙashinsa kaset ɗin tasha, kwafin Ignat. Ba takarda. Tattasan ma ba mai kyau ba ne, amma na karɓa.

Na yi nasara, Nevenche! Ki sha wani abu mai ƙarfi a madadina.

Taki,
Zlatka

Topolnik, 13 ga Satumba, 2016

Zuwa ga Nevena,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, yaya baya, yaya tsohuwa? Nan gari duk ƙaurin gashin tattasai, shamuwa ta tafi. Na ajiye miki kwalba huɗu, sai kin zo Kirsimeti.

Kin ce intanet ɗinku ya lalace, to ga abin da kika rasa. Ran Lahadi aka yi wasan gida na farko. Kada ki zaci gari ya tashi daga kabari: masu manyan motoci sun koma, mutum talatin da huɗu ne muka je. Amma daga tara zuwa talatin da huɗu, ko ƙungiyar birni ba ta taɓa irin wannan ci ba. Vasil ya zo. Inna Parashkeva ta zo da matashin zama da sabon ɗankwali, ta zauna a wurin maƙeri, ta kuma gaji bakinsa. Ɗan'uwanki ya ciro gangar Kawu Todor daga rumbu. Bai iya ba ko kaɗan, a gaya masa.

An ci mu uku da ɗaya.

Ignat ya aiko surukinsa, mai ɗaukar hoton yanzu, wai ko zan koma aiki. Na ce zan yi tunani har ƙarshen wata, don ya ɗan dahu. Saboda haka jiya a gida na kalla, kamar kowa. Da muka ci ɗayan nan, kyamara ta juya kan benaye. Ignat ya ja numfashi ya ce, "Filin ya ci..." bai ƙarasa ba. Na ji takarda tana motsi. Sai ya ce, "Jama'a, mutum talatin da huɗu ne. Bari in faɗa muku sunayensu." Jimla ta arba'in da uku ke nan, kuma ita ce ta farko da ya faɗa wadda take gaskiya.

Na duba layi na huɗu. Ba hula, ba tsalle. Wata mata ce mai furfura a zaune, da baƙar riga, cinyarta cike da ɓawon 'ya'yan kabewa, ta buɗe baki tana yi wa alƙalin wasa ihu. Na daɗe ina kallonta kafin in gane ni ce. Ba ta da kyau a talabijin, amma tana da rai.

Stamen ya kwanta, Nevenche. Na kashe talabijin, na je na shayar da furanninsa.

Ki kula da kanki. Wurin zamanki yana nan kusa da ganga, ki zo da ruwa.

Taki har abada,
Zlatka